Albasar Gwaggo a Ƙaramar Kotu

Ko me zan manta a duniya, ba zan taɓa mantawa da ranar da na ja tawaga zuwa kotun majistare ba, ina tafe ina gyara zaman hula kamar wanda aka aiko daga Abuja.

Mu bakwai muka haɗa jari muka gina siton ajiye albasa a nan Illela, har da Gwaggo Tumba, ƙanwar mahaifina, wadda ta zuba duk noman da ta yi a Gidan Katta a ciki. Kwatsam mai filin, Alhaji Mamman, ya ce ginin nasa ne tunda a ƙasarsa yake, ya garƙama masa kwaɗo. Muka kai ƙara babbar kotun jiha a Sakkwato. Shari'a na tafiya a hankali, zafi na ƙaruwa, ita kuwa albasa ba ruwanta da an ɗage zama.

Lauyarmu, Barista Hadiza, ta ce mu zo mu sa hannu a wata takarda, ta roƙi babbar kotun izinin buɗe siton a sayar da kayan kafin a gama shari'a. Ni na hana. (Ya kamata ku sani na taɓa yin masinja shekara biyu a ofishin wani lauya, kuma tun daga nan nake ɗaukar kaina rabin alƙali.) Na ce wa mutanena wannan zagaye ne kawai, ga kotu a bakin ƙofa, mu shigar da sabuwar ƙara a ba mu umarni rana ɗaya. Gwaggo ce kaɗai ta tanka.

"Ɗan nan, ka tabbata ka san abin ga? Ban da komi baya ga albasar ga."

Na ce ta bar mini komai.

Sai da muka yi mako uku kafin a sa mana rana. Saboda tsabar tabbaci, na ɗauko mota da 'yan dako da mai walda da zai yanke kwaɗon, na ce su jira a ƙofar kotu. Gwaggo ta zauna a gaban mota da carbinta.

Majistaren dattijo ne mai sanyin murya. Na tashi na zuba bayani, ina ɗan yayyafa Turancin da na tsinta a ofis. Ɓangaren Alhaji Mamman ko tari ba su yi ba tukuna. Da na ga kamar dattijon bai girgiza ba, sai na ce bari in ƙara wa maganar nauyi. Na zaro takardun Sakkwato masu hatimi, na miƙa da hannu biyu.

"Ranka ya daɗe, maganar ga babba ta. Yanzu haka tana gaban babbar kotu."

Na waiga ina murmushi don mutanena su ga aiki.

Dattijon ya karanta a tsanake, ya tambaya ko an yanke hukunci a can. Na ce tukuna. Ko mutanen ne dai, kuma siton ne dai? Na ce ƙwarai kuwa.

"To, mi kaz zo yi nan?"

Bai ɗaga murya ba, da ma ya ɗaga da ya fi mini sauƙi. Ya ce abin da ke gaban kotun da ta fi tasa, shi ba ya sa masa hannu, kuma kotu biyu ba sa sauraron rigima ɗaya lokaci guda. In albasar muke ji wa, mu roƙi babbar kotun ta ba da izinin sayarwa. Har ya tambaya, cikin tausayi, ko ba mu da lauya ne. Ya kori ƙarar. Lauyan Alhaji Mamman ya tattara takardunsa ya fice, don na gama masa aikinsa.

Fitowa ta fi komai wuya. Mai walda na hango ni ya ɗauki kayansa ya ce, "Mu tai?" Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Washegari muka sa hannu a takardar Barista, kuma ba a daɗe ba babbar kotun ta ba da izini. Da aka buɗe siton, wari ne ya fara yi mana sannu da zuwa. Kusan rabin albasar Gwaggo ta narke.

Gwaggo ba ta zage ni ba, ba ta ko ɗaga kai ba. Tabarma ta shimfiɗa mini a ƙofar sito, ta ce in ware mai kyau da ruɓaɓɓiya da hannuna. Kwana uku ina yi, masu wucewa kasuwa suna mini barka da aiki. A rana ta uku ta zauna kusa da ni, ta ɗauki wata ruɓaɓɓiya tana juyawa a hannunta.

"Wagga ma, ni na ba ta ruwa da hannuna."

Yanzu kam na san doka guda ɗaya tak, na kuma san ta sosai: ƙaramar kotu ba ta taɓa abin da ke gaban babba. Wasu a makaranta suka koye ta. Ni da hanci na koya, kuma albasar Gwaggo ce ta biya mini karatun.