Alhaji Tambari, Uban Jaz na Sakkwato

Sakkwato ta yi sa'ar malamai, ta yi sa'ar gulbi da fadamar shinkafa, amma duk wannan bai kai sa'ar da ta yi ta samun Alhaji Jalaluddeen Tambari ba. Tsohon darakta ne a wata hukumar raya al'adu da aka daɗe da rushewa. Kujerar ta sake shi, shi ne dai bai sake ta ba. A shekarar 1979 gwamnati ta tura shi kwas na mako uku a Landan, kuma har yau bai gama dawowa ba. Ko maganar tsadar albasa ake yi a majalisa, sai ya biya da ita ta Landan.

A can ne, in ji shi, ya gano sirrin kiɗan jaz, wanda ya ce mutum uku ne kacal suka fahimce shi a Afirka ta Yamma, biyun kuma sun rasu. Mutanen unguwarsu ta Gidan Dahala suna kiransa Kunnen Giwa. Shi ya ɗauka ƙarfin jinsa ake yabo.

Ana nan sai labari ya ɓulla cewa wasu tsofaffi uku sun fitar da faifan jaz. Malam Na'Allah mai fiyano, wanda yanzu gyaran rediyo yake yi a Tudun Wada. Ɗayyabu mai bas, wato garayar nan ta Turawa da ta fi mai kaɗa ta tsawo, shi ya koma noma a Wamakko. Sai Ɗahiru mai ganguna, tela ne a bakin kasuwa. Ƙaraminsu shekararsa saba'in da ɗaya. A da makaɗan hukumar Alhaji ne. Duk Asabar bayan la'asar sukan haɗu a shagon Na'Allah su yi kiɗa da ɗan fiyanon lantarki mai mataccen maɓalli ɗaya. A nan aka naɗi kiɗa tara, aka sa wa faifan suna "Bayan Sallama". Wata tashar rediyo ta ƙasar waje ta sa shi, kafin ka ce kwabo sunan tsofaffin ya zaga duniya.

Da Alhaji ya ji, tsaki ya fara ja. Washegari aka gaya masa wani gidan talabijin na Abuja zai turo ma'aikata, kuma ana neman wanda zai shugabanci kwamitin bikin al'adu na bana. Nan take ya tuna cewa ai shi ya raini mutanen nan da hannunsa. Ya aika aka sayo masa faifan. Sauraro ne dai bai samu sukuni ba, amma ya juya bayan kwalin ya hango sunansa da manyan baƙaƙe. Abin da ke ƙarƙashin sunan ƙananan baƙaƙe ne, shi kuwa ba ya sa tabarau, don a ganinsa tabarau na tsofaffi ne. Ya shirya walimar karramawa a gidansa.

Malam Na'Allah bai so zuwa ba. Abu ɗaya ne ya sa ya amsa. Babban fiyanon katako na hukumar, wanda ya yi shekara goma sha ɗaya yana kaɗawa, yana falon Alhaji. Tun zamanin da Alhaji yake ofis ya ɗauko shi gida da sunan ajiya, ajiyar ta shekara talatin da 'yan kai. An jera masa hotunan Alhaji a ka, da kwanon furen roba. Hannun Na'Allah ya fara rawa saboda tsufa, ya kuma san ba zai daɗe yana iya kiɗa ba.

Ranar walima aka cika falo da manyan baƙi. Alhaji ya fito cikin babbar riga mai aska tara, ya hau kujerar tsakiya. Waɗanda ake karramawa aka ba su benci a bakin ƙofa, kusa da takalma. Alhaji ya miƙe zai yi taƙaitaccen jawabi, aka yi minti hamsin.

"Jama'a, jaz ba kiɗan kowa da kowa ba ne," in ji shi. "Kiɗa ne na masu zurfin tunani. Yaran nan a hannuna suka buɗe ido. Ni na ce wa Na'Allah ga fari ga baƙi a jikin fiyano. Shi kansa sunan faifan, 'Bayan Sallama', falsafa ce da na koya musu: sai an yi sallama ake shiga gida, sai an shiga gida ake shiga zuciya."

Aka tafa. Ɗahiru ya sunkuyar da kai yana gyara hular da ba ta karkace ba.

'Yar jaridar da aka turo, wata nutsattsiya mai suna Nabila, ta tambaye shi wane kiɗa ya fi so a cikin taran. Ya lumshe ido ya ce na tsakiya. Ta tambayi dalili, ya ce ko ya yi bayani ba za ta gane ba, tunda ba ta je Landan ba. Don ya rufe bakin mahassada, ya miƙa mata kwalin ya ce ta karanta wa duniya abin da aka rubuta a kansa. Ta duba, ta ɗago, ta ce cikin ladabi ko a bari sai an kashe na'urar ɗaukar hoto. Ya ce a'a, alheri ba a ɓoye shi. Ta karanta.

"Godiya ta musamman ga ALHAJI JALALUDDEEN TAMBARI, wanda ya ba mu takardar sallama daga aiki a 1988, ya rubuta cewa kiɗanmu hayaniya ce marar kai marar gindi. Ba don shi ba, da mun ƙare rayuwarmu muna kiɗan tarbar baƙi a filin jirgi. Duk abin da ke cikin faifan nan bayan sallamar muka koye shi."

Wani baƙo ya shaƙe da lemo. Amma giwa ba ta faɗuwa da jifa ɗaya. Alhaji ya gyara wuyan riga ya dubi na'urar.

"Kun dai ji da kunnenku. Godiya ta musamman. Ba kowa ake yi wa ta musamman ba."

Nabila ta juya ga benci ta tambayi Malam Na'Allah ko yana da abin cewa. Tsohon ya miƙe da ƙyar.

"Ranka shi daɗe, ba mu taho da ƙorahi ba. Abin da ya wuce ya wuce. Wanga fiyano dai nika son in taɓa, ko sau guda, tun hannuna na jin magana."

A gaban na'ura ba a cewa a'a. Aka sauke hotuna, aka kawar da furen roba. Da aka ɗaga murfin, ƙura ta tashi har ta sa Alhaji atishawa. Muryar fiyanon ta dishe, maɓallai da dama sun maƙale. Na'Allah ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana gaisawa da su, ya gane masu rai, ya kewaye matattun. Ɗayyabu ya rungumi garayarsa, Ɗahiru ya jawo tiren shayi yana bugawa da yatsu. Suka yi kiɗa mai sanyi, kamar tsofaffin abokai na hira ba mai katse wani. Matan gida suka fito suka tsaya a bayan labule. Da suka gama, Na'Allah ya daɗe bai ɗauke hannunsa ba.

Sai Nabila ta lura da lambar gwamnati da aka buga a gefen fiyanon, ta tambayi na wane ne. Alhaji ya yi gyaran murya ya sanar da cewa dama domin irin wannan ranar ya adana shi, kuma ya miƙa shi ga makaɗan don amfanin al'umma. Magana zarar bunu ce. Kafin magariba a-kori-kura ta kwashe shi zuwa Tudun Wada, Na'Allah na zaune a baya yana riƙe da shi kada ya goce.

Shirin ya fito a talabijin ba a cire ko atishawar ba. Shugabancin kwamiti kuwa wani aka ba. Alhaji ya yi mako biyu bai fita majalisa ba, sannan ya fito da sabon bayani. Yanzu duk wanda ya je gaishe shi yakan ce masa asalin ƙungiyar mutum huɗu ce, shi ne na huɗun. Ya ce a jaz akwai mai fiyano, akwai mai bas, akwai mai ganga, sannan akwai mai yin shiru a inda ya dace, wannan kuwa shi ya fi wuya, kuma shi ne gwanin wurin.

Rannan yana cikin wannan bayanin matarsa Hajiya Sadiyatu ta shigo da ruwan baƙi. Ta ajiye tire ta saurara har ya kai aya.

"Ashe ka iya shirun, Alhaji?" ta ce. "Shekara arba'in da huɗu muna tare, ba ka taɓa kaɗa mini shi ba."