Jakin da Aka Ce Ya Mutu

A wani daji da ke bayan duwatsu, tsohon Jaki ya kai Gafiya ƙara gaban alƙali.

Tun yana matashi yake dakon hatsin dajin. Duk kaka ana ɗibar wani abu daga ladansa a zuba a rumbun tsofaffi, saboda ranar da bayansa zai ƙi kaya. Ranar ta zo. Gafiya, mai riƙon rumbun, ta auna masa gero na shekara guda, ta daina. Da ya je tambaya, ta ce an gaya mata ya mutu, kuma ba a auna wa matacce.

Alƙali Kunkuru ne. Ya ɗage ƙarar, ya sake ɗagewa, har haƙarƙarin Jaki suka fito fili. Takarkari, abokin aikin Jaki, a jiran irin wannan shari'a ya cika.

Ranar zama, Jaki ya tsaya ya ce, "Allah ya gafarta Malam, ga ni."

Dila, mai kare Gafiya, ya miƙe. "Allah ya gafarta Malam, ba mu musa cewa ga wani yana tsaye ba. Amma tsayuwa ba hujja ba ce. An ga Ungulu tana shawagi a kan gidansa. A dokar dajin nan, mutuwa da rai, Ungulu ce kaɗai ke da ikon faɗa."

Jaki ya san Ungulu ba ta da wata riba a rayuwarsa.

Aka kira ta. Ta sauka, ta dube shi daga kunne har kofato.

"Shawagi kam na yi," in ji ta. "Gafiya ce ta ce mini in shirya. Na bar kiwo mai kyau na tare a kan gidan tsohon nan, rana ta cinye mini gashin kai. Kullum in leƙa, sai in ga ya kaɗa kunne. Malam, da ya mutu, da ba ku gan shi ba. Ni ma ina da ƙorafi."

Kotu ta ɗauki dariya. Kunkuru ya shige ɓawonsa ya yi dogon nazari, ya fito ya ce Jaki yana da rai, a auna masa geronsa har da na baya.

Jaki bai yi kuka ba, bai yi tsalle ba. Sai dai ya zauna a ƙasa ya sauke numfashi. Yau za a ɗora tukunya.

A bakin rumbu, Gafiya ta tara jama'a da makaɗa. Ta fito da ƙyar, don ƙofar ta yi mata kaɗan.

"Baba Jaki," ta ce, "kafin a auna, ɗan durƙusa ka yi wa rumbu godiya a gaban jama'a. Haka aka saba."

Jaki ya miƙa buhunsa.

"Ba zan yi ba," ya ce. "Gerona ne. Auna."