Rabaran Brigg da Sandar Masu Gyangyaɗi

"Duk faɗin Ingila babu limamin da ya kai ni riƙe kunnen jama'a," in ji Rabaran Octavius Brigg, limamin cocin ƙauyenmu. "Mai musu ya karanta littafin wa'azina."

Littafin kam akwai shi, jibgege. A gidanmu da shi muke tokare ƙofa in iska ta taso. Shi kuwa gogan naka, da ya hau mumbari ya ce "'Yan'uwana", sai ka ga kawuna na sunkuyawa ɗaya bayan ɗaya. A zatonsa tsoron Allah ne ya kama mu.

Ana nan sai labari ya zo cewa Bishop, shugaban limaman yankinmu, zai zo ƙarshen wata ya saurare shi, don ana neman limami a babban cocin birni. Rabaran ya daɗe yana haɗiyar yawu kan kujerar nan.

Matarsa Tabita ta ce, "Maigida, gara ka ji daga bakina. Sunkuyon nan ba addu'a ba ne, barci ne. Ni ma nakan ɗan taɓa."

"Hassada ce kawai!" in ji shi. Amma nan take ya shiga neman dabara.

Ya sa aka kwashe matasan zama daga kan bencina. Mutane suka zo da na gida, waɗanda suka fi laushi. Lahadi ta zagayo, ya buɗe tagogi duka, ga sanyi mai ratsa ƙashi. Kowa ya zo da bargo, ranar har minshari aka yi.

Sai sarkin dabara ya tono wata tsohuwar al'ada. Da can kowane coci na da mai tada masu gyangyaɗi, riƙe da doguwar sanda: gefe ɗaya dunƙulen tagulla na ƙwala wa maza, ɗaya gefen jelar dila ta shafa hancin mata. Ya samo irinta ya damƙa wa Jethro Oddy, tsohon maƙerinmu.

"Jethro, duk kan da ya yi ƙasa, ƙwala masa. Ba sani ba sabo."

"Ko waye, ranka ya daɗe?"

"Ko uban waye."

Ranar ta zo. Bishop tsoho ne, ya sha tafiya, ya kuma cika ciki da gasasshen naman sa. Aka zaunar da shi a gaba. Rabaran ya buɗe littafinsa, ya kama jero sunayen sarakunan Yahuza da na kakanninsu. Jethro na zagaye, nan ƙwal, can atishawa.

Can sai kan Bishop ya yi ƙasa.

Jethro ya matso, ya ɗaga sanda. Rabaran ya hango, ya shiga zare ido yana girgiza kai. Jethro ya rasa ta yi, ya tsaya da sanda a sama yana jiran bayani. Maimakon uban surutun ya ce "Amin" kowa ya huta, sai ya ci gaba, wai ko Bishop zai farka da kansa. Muryar nan kuwa ba ta barin kowa. Idon Jethro ya lumshe, hannu ya saki.

Ƙwal!

Hular gashin Bishop ta yi tsalle ta faɗa cinyar Tabita, wadda ita ma sai lokacin ta farka. Wallahi na tausaya wa Bishop, amma dariya ta ci ƙarfina.

Bayan an tashi, Bishop na shafa ƙulun da ya fito masa, ya ce, "Ɗana, na ji wa'azinka. To, na ji farkonsa dai."

Rabaran, ko kunya babu, ya rusuna. "Ranka ya daɗe, batun kujerar nan fa?"

"Na samo maka wadda ta fi dacewa da kai. Maƙabartar birni na neman limami. Can ko wuni ka yi kana wa'azi, ba mai cewa kai ka sa su barci."