Rasuwar Mai Tumbi, Talabijin ɗin Gidan Maccido

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma 'yan tambayoyi, ni Maccido na Goronyo nike sanar da dangi na Wurno da Rabah rasuwar talabijin ɗinmu, Mai Tumbi, ranar Talata da hantsi.

Marigayiya ta shigo gidanga shekarar da anka gama madatsar ruwa. Fuskarta mai kusurwa huɗu ce, daidai da tsoffin finafinai. Ba ta taɓa yanke wa ɗan wasa hula ba, ba ta taɓa faɗaɗa mace ta koma buhun albasa ba. Baki guda gare ta, kuma da shi taka faɗin komi a fili. In an kunna ta sai ta ce "tsiiii", ta ɗan yi tunani, sannan hoto ya fito.

Lafiyarta lau har ranar da surukina Attahiru ya kawo wata shafaffiyar talabijin daga Sakkwato, da sifika biyar. Munka sa mata tsohon kaset. Mutane sunka kumbura, kiɗa na tsawa ta bayan kunnena, magana kuwa ta ɓace. Na ce a maida ta kwalinta. Attahiru ya ce, "Baba, ai wagga tsohuwa ta kusa hutawa." Wa ya gaya mishi?

Kwana uku bayan nan marigayiya ta yi "fut", ta yi hayaƙi, ta cika. Malam Sunday mai gyara ya buɗe bayanta ya iske ruwa. Watanmu huɗu ba mu ga hadari ba. Maiɗakina Uwaliya ta ce goge ta kawai ta yi. Na ce da mi? Ta ce tuwonta na ƙonewa.

Ba ni zargin kowa. Na dai lura an buga ƙusar rataye shafaffiya a bango tun ranar Litinin.

Ta bar na'urar bidiyo guda, kaset sittin da ɗaya, da eriya bisa gora, duk marayu.

Za a kai ta makwancinta ranar Asabar bayan la'asar, ɗakin ajiya kusa da rumbun albasa. 'Yan gwangwan kada su wahal da kansu. Attahiru shi kaɗai zai ɗauki gawa, Uwaliya ta riƙe wayar wutarta. Ni ina biye da su, ina kallon fuskokinsu.