Ranar da Na Yi wa Kwamfuta Ƙarya

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da kwamfuta ta tona mini asiri a gaban manya. Wajen ƙarshen shekarun tamanin ne, ina ƙaramin akawu a wani ofishin aikin gona a Dutsin-Ma. Kafin nan a sitonmu na Kurfi nake, aikina dakon mabuɗi da korar ɓeraye. Da aka ce hedikwata za ta ba mu kwamfuta, ni aka tura kwas na sati biyu, don dai Turancina ya ɗan fi na saura kauri. Na dawo ina tafiya ina ɗaga kafaɗa. (A gida kuwa Inna ta riga ta baza wa mata cewa ɗanta ne zai tuƙa na'urar da ta fi mutum sani.)

Kwamfutar ta iso da sharaɗi. Manajanmu, wanda duk muke ce wa Alhaji, ya kira ni ya ce, "Ran Alhamis jami'i zai zo daga Katsina. In ya tarar ba ta aiki, ɗauke ta za su yi su ba wani ofishin, kai kuma ka koma sito. Ka ji ko?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, ai wannan shan ruwa ne."

Aikin shi ne in ɗora mata manhajar ajiye sunayen manoma da irin da kowa ya shuka. A faifai huɗu ta zo, da littafin bayani mai kaurin bulo, wanda na ture gefe ban ko buɗa ba. Ran Litinin na zauna ɗorawa, duk ofis ya taru a bayana, har mai gadi. To ita manhajar, kafin ta zauna sai ta yi tambayoyi game da kayan da ta tarar, ta rubuta amsoshinka a wani ɗan fayil na saiti, da shi za ta riƙa aiki. Ni kuma don burga, kowace tambaya sai na fassara da ƙarfi.

"Tana tambaya ko allonmu mai launuka ne."

Jama'a, allonmu kore ne, kore shar, ba ya da wani launi bayan wannan. Amma ka san mu, baƙo ya tambaye ka ko akwai, ina kai ina cewa babu a gaban mutane? Na ce, "Muna da shi!" na danna. Aka ce, "Madalla!" Ta tambayi firinta, na zaɓi wadda ta fi dogon suna. Ta tambayi ma'ajiya, wato rumbun adana bayanai, na zaɓi mafi girma. A lissafina, in ka ba ta manyan abubuwa, babban aiki za ta yi maka.

Na kira manhajar, allo ya yi baƙi ƙirin. Na kashe, na kunna, na sake kira, baƙi. Gumi ya karyo mini har cikin takalmi. Na juyo na yi gyaran murya na ce faifan ne rana ta dafa a hanya.

Kwana biyu ina sake ɗorawa, ina ba ta amsoshin nan dai, don ko a mafarki ban kawo cewa laifinsu ba ne. Har hura faifan na yi da baki.

Akwai mai buga mana tafireta, Madam Rifkatu, 'yar kudancin Zariya, ta kai shekara ashirin a kan kujerar nan. Ba ta taɓa taɓa kwamfuta ba. Sau biyu tana ce mini, "Ƙanena, in ɗan yi tambaya?" ina ce mata, "Madam, wannan ba tafireta ba ce." Allah Ya yafe mini. Ashe ta ɗauki littafin da na yar, tana bin sa shafi-shafi lokacin hutun azahar.

Alhamis ta yi, jami'i ya zo, ya ga baƙin allo, ya ce a kawo kwali a saka ta a tafi da ita. Alhaji ya dube ni, na dubi ƙasa. Sai Madam ta miƙe ta ce, "Ranka ya daɗe, a ba ni minti goma, amma ƙanena zai danna, ni zan yi tambaya."

Ta ce, "In ka kunna ta, allon yana rubutu?"

Na ce yana yi.

"Yaushe yake mutuwa?"

"Sai na kira manhajar."

"To allon lafiya lau yake. Da kake sa faifan, akwai wanda ta ƙi karɓa?"

"Babu."

"To rana ba ta dafa komai ba. Saura me? Saura abin da ka gaya mata. Buɗe fayil ɗin da ta rubuta amsoshinka, ka karanta mana."

Wayyo! Da bakina na karanta, layi-layi, a gaban jami'i. Allo mai launuka. Firinta mai faɗi. Babbar ma'ajiya. Jami'in ya leƙa teburin, ya leƙa ƙarƙashinsa, ya ce, "Ina kuka ɓoye waɗannan kayan?" Mai gadi ya tuntsire da dariya har da riƙe ƙyaure. Wallahi da ƙasa za ta tsage da na shige.

Madam ko murmushi ba ta yi ba. Ta ce, "Ƙanena, ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ba neman aurenmu ta zo ba, aiki za ta yi mana." Na kai hannu zan gyara ukun gaba ɗaya don a wuce wurin, ta tare ni. "Ɗaya-ɗaya. In ka canja uku ta tashi, ka san wanne ne ya kwantar da ita? Gobe in ta sake, me za ka taɓa?" Kafin in canja kowane layi sai ta kwafe tsohon a littafinta, don in mun ɓata mu san hanyar komawa.

Na mai da allo kore, na kira manhajar, sai ga rubutu tar! Madam ta ce in shigar da suna ɗaya in gwada bugawa, firinta ta zubo shirme. Muka gyara nata layin, ta buga sunan manomi na farko daga Rawayau, tsaf. Muka gyara na uku, ta ajiye sunan, muka kashe muka kunna, yana nan. Ni da na je kwas na saki baki ina kallon matar nan, ban taɓa ganin hankali a jere haka ba.

Jami'i ya ce a mai da kwali. Alhaji ya fara cewa, "Kai kuma sito..." Madam ta ce, "A bar shi, ranka ya daɗe. Hannunsa na da sauri, kuma yau ya yi kwas na gaskiya." Da bakinta na tsira, matar da na gwasale har sau biyu. Na durƙusa na ba ta haƙuri, ta ce in tashi kada in ɓata wando.

Tun daga ranar, duk wanda ya tambaye ni abin da nake da shi don ya yi mini aiki, gaskiya nake gaya masa. Ko tela ya zo awon ƙugu na daina shanye tumbi.