An Kama Kawu da Satar Gonarsa

Jama'a, yau ko karyawa ban yi ba. Tun da hantsi nake kan benci a ofishin 'yan sanda ina neman belin kawuna, dattijon da ko allurar wani bai taɓa ɗauka ba. Laifinsa wai ya saci gonarsa. Baro shida ya kwasa kafin a cim masa.

Ga yadda abin ya faro. Gwamnati za ta gina tashar manyan motoci a bayan garinmu, gonar Kawu ta faɗa ciki. Mu ba mu ƙi ci gaba ba. Aka ce za a biya diyya bisa adalci, muka ce madalla. Gonar nan ita ke ciyar da mutum tara a gidansa, shi kuwa ba abin da yake roƙo sai a ba shi abin da zai sayi wata.

Sai ga Mai Girma Shugaban Kwamitin Ƙiyasta Asarar Talakawa, Allah ya ƙara wa tumbinsa albarka, ya iso da motoci bakwai da fom guda ɗaya. Ya bari sai wata biyu bayan girbi, don takalminsa ba ya shiri da laka. Ƙa'idarsa ba wuya: abin da ya tarar a tsaye ranar da ya zo, shi ake biya.

Maƙwabcin Kawu, wanda muke kira Sai-Gobe, rabonsa da fartanya har ya manta, gonarsa ta koma daji. Nan kwamiti ya wuni yana ƙirga itatuwa da ƙaya. Har suri aka rubuta masa a matsayin gini mai hawa ɗaya.

Kawu kuwa shekara talatin ya yi yana tuge kututture, yana tsince duwatsu, yana kai taki, har gonarsa ta zama fes kamar tafin hannu. Mai Girma ya tsaya a tsakiyarta yana waige-waige.

"Baba, ina gonar?"

"Ai kana tsaye a kanta, ranka ya daɗe."

"Ni ban ga komai ba."

"Na girbe ne. Masarar tana gida."

"Au, ka cinye abinka, mu kuma mu biya ka?"

Ya sa aka rubuta fili ne, babu komai. Kawu ya durƙusa ya damƙo ƙasa baƙa wuluk, ya ce, "Wannan fa? Tsakuwa na tarar a nan. Ƙarfina duka yana cikinta."

"Baba, ƙasa ba ta da gurbi a fom," in ji Mai Girma. "Ƙasa kyauta ce, ko'ina akwai ta."

Abin da aka ba Kawu bai isa ya sayi wurin ɗaure akuya ba. Surukinsa ya tausaya ya ara masa wani fako da ko ciyawa ba ta yarda da shi ba. Shi kuma Kawu mutum ne mai ɗaukar maganar manya da muhimmanci. Tunda an ce ƙasa kyauta ce, sai ya ari baro da shebur, jiya da rana tsaka ya shiga kwashe tasa zuwa fakon. A sawu na bakwai aka yi ram da shi.

Ina zaune ɗan sandan da ke kan tebur ya karanta takardar ƙara, da sa hannun Mai Girma: an sace ƙasar noma mai albarka, ajin farko, dukiyar hukuma. Da ya faɗi kuɗin baro shidan nan, wallahi ya ninka diyyar gonar gaba ɗaya.

Kawu ya ce, "Ɗana, maimaita min wurin mai albarkan nan."

Ɗan sandan ya maimaita. Na ga tsohon ya share ido da bakin rigarsa, ni ma zuciyata ta karye. Na matso na ce, "Kawu, tashi mu tafi, na sa hannu a beli."

"Beli na me? Ni na amsa laifina. A kai ni gaban alƙali da takardar nan, a auna sauran gonar da baro."

Ɗan sandan ya fita da waya a kunne. Kafin la'asar saƙo ya iso cewa Mai Girma ya yafe wa Kawu, saboda shi mutum ne mai tausayin tsofaffi. Muka nemi kwafin takardar, aka ce wace takarda? Kawu ya riƙe benci, sai da mutum biyu suka ɗauke shi cak suka ajiye a waje. Ya tafi gida wurin mutum tara da baro shida na gona.

Ni dai ba na koya wa kowa sata. Amma duk wanda hukuma ta ce abinsa ba shi da daraja, ya ɗan taɓa kaɗan daga ciki, a ranar zai ji farashinsa na gaskiya.