Yadda Za Ka Ɓoye wa Yayanka Cewa Gashin Karensa Ya Zube

Yayanka ya ba ka ɗakin bayan gida kyauta, da sharaɗi ɗaya: ka kula da karensa, Kofur, in ya yi tafiya. Ya tafi, ya bar maka man da likitan dabbobi ya ce a riƙa shafa wa ɗan tabon makeron da ke wuyan karen. Ka bi matakan nan, na tabbatar maka ɗakin nan ba zai kuɓuce maka ba.

1. Kada ka taɓa karen.
Kai mutum ne mai ƙyama, kuma mai mutunci. Ka lakaci man a bakin sandar goge ɗaki, ka tsaya daga nesa ka miƙa. Kofur zai ɗauka wasa ne ya lashe tas. Ba komai. Magani dai ya shiga jiki, ta wace ƙofa ba ruwan kowa.

2. Ka nemi shawarar masana.
Idan tabon ya haihu ya yi jikoki har gindin wutsiya, ka tambayi makanikin bakin layi. Zai ce, "Baƙin mai, maigida. Ko ƙarfe yana warkarwa." Ka kwara wa karen. Sauran gashin zai bi 'yan'uwansa, amma aƙalla yanzu launin jikin ya zama ɗaya.

3. Ka iya amsa waya.
In Yaya ya ce a nuna masa Kofur a bidiyo, ka nuna kan karen kawai. In ya ce, "Kamar ya rame?" ka ce, "Kewarka ce, Yaya." Daga nan ka hau cewa "Alo? Alo?" har ya gaji.

4. Ka kawar da shaida.
Matar Yaya tana shanya a tsakar gida, kuma idonta ba ya kuskure. Don haka ka mai da Kofur ɗakinka. Zai zaɓi matashinka ya kwanta. Ka bar shi, mara lafiya ba a yi masa faɗa.

5. Ka rungumi hula.
Wata safiya za ka ji ƙaiƙayi a ƙeya, ka shafa ka ji wuri sumul, zagaye kamar murfin kwalba. Kada ka firgita. Ka kafa hula, har banɗaki. In matar Yaya ta ce, "Ƙanina, wannan hula ko barci ba ta yi?" ka ce kamala ce ta zo maka da girma.

6. Ranar dawowa, ka yi shiru.
Yaya zai dubi karen ya daɗe. Zai dube ka. Sai ya ce, "Cire hular." Ka cire. Za ku shiga mota, kai da Kofur a kujerar baya.

Likitan dabbobi zai duba ku bi da bi, ya ce ciwon iri ɗaya ne, kai ka wuce asibitin mutane. Zai ƙara da cewa a killace ku wuri guda, kada yaran gida su ɗauka, kuma wanda ya riga ya kamu shi zai riƙa shafa wa karen magani safe da yamma. Da hannu.

Ka gani? Ɗaki yana nan a hannunka, yadda na yi alkawari. Ban dai ce kai kaɗai ba.

Tunatarwa: Mai wannan rubutu ba likita ba ne, ba ya kiwon kare, kuma bai san ka ba. Duk abin da ya zube, na kare ne ko naka, kada a kawo masa.